Wa Zai Daidaita Agogon Duniyoyi?

Marubuta suna da wata tsohuwar dabara, wato ƙirƙiro littafin da bai taɓa wanzuwa ba, su yi masa mawallafi da tarihi, sannan su ɗora masa maganar da suke son mai karatu ya ɗauka da nauyi. Sun san halin ɗan Adam: duk maganar da aka ce ta mutanen da ce, kwarjininta daban ne. Daga cikin irin waɗannan littattafai na ƙage, wanda ya fi jan hankali shi ne kundin da ake cewa ya tattauna sha'anin lokaci a duniyoyi masu yawa da ke gudana kafaɗa da kafaɗa. Tambayar da ya kamata mu yi ita ce: shin zai yiwu a rubuta littafin da zai daidaita agogon irin waɗannan duniyoyi?

Shahararren misali yana cikin gajeren labarin da marubucin ƙasar Ajantina, Jorge Luis Borges, ya wallafa a 1941, wanda za a iya fassara sunansa da Lambun Hanyoyi Masu Rassa. A ciki ya ƙago wani gwamnan lardin Yunnan na ƙasar Sin mai suna Ts'ui Pen, wanda ya ajiye mulki ya shafe shekara 13 yana aikin littafi da kuma wani gini mai lunguna masu ɓatar da mai shiga. Bayan rasuwarsa magada suka tarar da takardu masu karo da juna: jarumin da ya mutu a wannan babi, sai ga shi da rai a babi na gaba. Daga baya wani masani ya gano cewa littafin shi ne ginin, kuma kowane zaɓi da jarumi ya fuskanta yakan haifar da reshen lokaci nasa na kansa. Abin da zai burge masanin harshe shi ne, kalmar "lokaci" ba ta fito ko sau ɗaya a littafin gwamnan ba, kamar dai yadda mai kacici-kacici ba ya furta amsar da yake nema.

Shekara 16 bayan haka, a 1957, Hugh Everett na Jami'ar Princeton a Amurka ya kawo irin wannan tunani cikin kimiyyar ƙwayar zarra. Har yau masana ba su haɗu a kan ra'ayinsa ba, amma ko masu goyon bayansa sun yarda cewa rassan da suka rabu ba sa aika wa juna saƙo. A nan gizo yake saƙar.

Dalili kuwa, daidaita lokaci bai taɓa yiwuwa ba sai da manzo a tsakani. Mu dubi tsohon littafi na gaske. Wajajen shekara ta 1000, Abu Raihan al-Biruni, haifaffen Khwarazm a 973, ya rubuta Al-Athar al-Baqiya, inda ya jera kalandun Farisawa da Girkawa da Yahudawa da Kiristoci da Larabawa, ya nuna yadda za a juya kwanan wata daga wannan zuwa wancan. Ya iya yin haka ne domin dukkansu rana ɗaya ke fito musu, wata ɗaya suke kallo. Haka nan da jirgin ƙasa da wayar tangaraho suka haɗa garuruwa, sai lokacin kowane gari ya zama fitina, har ƙasashe 25 suka taru a Washington a 1884 suka ɗauki layin Greenwich a matsayin mafarin awo. A kan wannan tsari ne yau agogon Kano da Yamai yake gaba da na Akara da awa ɗaya.

Ko a cikin wannan duniya tamu ɗaya tilo, aikin ba ƙarami ba ne. Tun 1905 Albert Einstein ya nuna cewa abubuwa biyu da wani ya ga sun faru lokaci guda, mai tafiya da wani gudu daban zai ga ɗaya ya riga ɗaya. Agogunan taurarin GPS sukan wuce na ƙasa da kimanin kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, kuma da ba a gyara wannan, da kuskuren nuna wuri ya kai kusan kilomita 10 a kullum. Saƙo daga duniyar Mars kuwa yakan ɗauki tsakanin minti 3 zuwa 22 kafin ya iso. To ina ga duniyar da ko haske ba ya ƙetarowa daga cikinta?

Harshenmu ma ya daɗe da sanin wannan. Shekaranjiya, jiya, yau, gobe, jibi, gata da citta duk ba su da ma'ana sai an san wanda ya furta su da ranar da ya furta. Hantsi da almuru sun dogara ga inda mai magana yake tsaye. Takardar da aka tsinta a hanya an rubuta "zan dawo gobe" ba ta gaya wa kowa komai. Kalmar "yanzu" alkawari ce tsakanin masu jin juna, kuma duniyoyin da ba sa jin juna ba su da "yanzu" ta tarayya da za a daidaita.

Saboda haka, mai karatu, littafin Ts'ui Pen abin sha'awa ne matuƙar an san ƙage ne, domin Borges labari ya ce ya rubuta. Haɗarin yana ga ranar da aka cire wa irin wannan kundi rigar labari, aka yaɗa shi a matsayin ɓoyayyen ilimin magabata, har masu digiri su riƙa tura wa juna. Littafin al-Biruni yana da kwafe-kwafen hannu da aka adana, an buga shi, an fassara shi, kuma kowa na iya bin lissafinsa ya gwada. Duk kundin da aka kawo mana da sunan tsufa, mu tambayi inda kwafinsa yake, da harshen da aka rubuta shi, da wanda ya taɓa riƙe shi a hannu. Ramin ƙarya dai ƙurarre ne.