Naushad: Makaɗin da Ya Ba Finafinan Indiya Murya

Duk wanda ya kalli Mother India a sinimomin Kano ko Kaduna ya sha kiɗan Naushad Ali, ko da bai san sunansa ba.

An haife shi a Lucknow a 1919. Mahaifinsa ya ƙi jinin sana'ar kiɗa, don haka a 1937 ya kama hanyar Bombay, inda ya yi ta kwana a bakin titi kafin ya samu shiga. Fim ɗin Rattan na 1944 ne ya fito da shi.

Gwanintarsa ita ce ɗauko tsofaffin karuruwan waƙar gargajiya, waɗanda aka ɗauka sai masana ke jin daɗinsu, ya sarrafa su har mai tura baro ya riƙa rerawa. Ya nuna haka a Baiju Bawra na 1952 da muryar Mohammed Rafi, fim ɗin da ya jawo masa kyautar Filmfare ta farko a fannin kiɗa. A Mughal-e-Azam na 1960 kuwa, har babban mawaƙin nan Bade Ghulam Ali Khan, mai gudun harkar fim, sai da aka shawo kansa ya rera waƙa.

Ya rasu a Mumbai (Bombay ta da) a 2006.