Lamunin gida: Yadda tsawon wa'adi ke ninka abin da za a biya

Galibin masu neman lamunin gida kan fara ne da tambayar nawa za a riƙa cire musu duk wata. Sai dai ya kamata su kuma san jimillar abin da za su biya kafin bashin ya ƙare.

Bankin Bayar da Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yana bai wa masu zubi a Asusun Gidaje na Ƙasa rance da kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, har tsawon shekara 30. Wanda ya karɓi naira miliyan 10 a kan wannan wa'adi zai riƙa biyan kimanin naira 60,000 a wata, jimilla kusan miliyan 21.6. Idan ya zaɓi shekara 15, biyan wata zai kai kimanin naira 84,400, amma jimillar za ta tsaya a miliyan 15.2. Ke nan ƙarin naira 24,400 a wata zai rage masa fiye da miliyan 6.

Dalili kuwa shi ne, a kan ragowar bashi ake lissafa ruwan. A watan farko na lamunin shekara 30, naira 50,000 ruwa ne, ƙasa da 10,000 ne ke rage uwar kuɗi.

Don haka kafin sa hannu, ma'aikaci ko ɗan kasuwa ya nemi cikakken jadawalin biya, ya tambayi kuɗin inshora da na takardu, ya kuma ji ko akwai tara idan ya biya kafin wa'adi.