Ben Burtt, Maƙerin Sautin Finafinai

Mai kallo zai iya mance sunan jarumin fim ɗin Star Wars, amma da wuya ya mance ƙugin takobin haske, ko numfashin nan mai nauyi na Darth Vader. Duka biyun aikin mutum ɗaya ne, Ben Burtt, Ba'amurke da aka haifa a jihar New York a 1948. Ilimin fiziks ya fara karantawa, daga baya ya shiga makarantar koyon fim ta Jami'ar Kudancin Kalifoniya. Daga can aka ɗauko shi ya tara wa darakta George Lucas sautukan Star Wars, wanda ya fito a 1977.

A zamanin, yawancin finafinan da suka shafi sararin samaniya da ƙarar na'urorin lantarki ake cika su. Burtt ya rataya rikoda ya fita neman sauti a cikin abubuwan da kowa ke wucewa bai kula ba. Ƙugin takobin nan, injin wani tsohon majigi ne na jami'arsu, ya gauraya shi da zizar da makirfo ya kama a kusa da akwatin talabijin. Sai ya saki haɗin ta lasifika, ya tsaya yana kaɗa makirfo a gabanta. Shi ya sa sautin ke tashi yana sauka duk sa'ad da aka kai sara, har kunne ya yarda cewa makamin na da nauyi a hannu. Harbin bindigogin fim ɗin kuwa, guduma ya buga a kan igiyar ƙarfen da ke riƙe da hasumiyar rediyo. Numfashin Vader nasa ne, ta cikin na'urar shaƙar iska ta masu nutso a teku.

Haka ya yi a fim ɗin Raiders of the Lost Ark na 1981. Ƙaton dutsen da ya biyo jarumin fim ɗin, Indiana Jones, yana gangarowa, tayoyin mota ne ƙirar Honda Civic a kan tsakuwa. Naushin da ke sa mai kallo runtse ido, sanda ce ake maka wa tarin rigunan fata.

Abin da ya fi burge ni shi ne bai tsaya a kan sauti ba. Ya yi aikin tace hoto a finafinan Star Wars uku da suka fito tsakanin 1999 da 2005. Ya ba da umarni a Blue Planet, fim ɗin IMAX na 1990. A 2008 kuma shi ne muryar WALL-E, mutum-mutumin da ya riƙe labari kusan ba magana. Ya karɓi kyautar Oscar sau huɗu, duka a fannin sauti. A ganina, wanda ya san inda ake yanke hoto ya fi kowa sanin inda ƙara za ta shigo da inda shiru ya fi amfani.

Masu shirya finafinanmu na Hausa, ku sa mai sauti cikin shiri tun ranar farko, ku ware masa kuɗi da lokaci kamar yadda kuke ware wa mai kyamara.