Sana'ar Zane Mai Motsi, Daga Kwaɗin Mustafa Alasan Zuwa Wayar Hannu

Yaran Gidigir, kamar na sauran garuruwan da ke kan hanyar Damagaram zuwa Gure, sukan yi dafifi kan waya ɗaya suna kallon katun. Ka tambaye su wa ke yin sa, sai su ce Turawa. Kaɗan ne suka san cewa cikin waɗanda suka fara wannan sana'a a Afirka akwai ɗan Nijar, Mustafa Alasan, wanda aka haifa a 1942, ya rasu a Wagadugu a 2015.

Bakanike ne tun farko. A Yamai ya haɗu da mai shirya fim Jean Rouch, daga baya ya je Kanada ya ƙaro sani wajen gwanin zane mai motsi Norman McLaren. A 1966 ya fitar da Bon Voyage Sim, ɗan gajeren fim kan shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki, ana ta fareti da shagalin tarba. Kowa ya gane inda aka dosa, amma wa zai kai ƙarar kwaɗo? A 1977 kuma ya yi Samba le Grand da ƴar tsana.

Aikin kansa na mai haƙuri ne. Fim yana gudu da hoto 24 a daƙiƙa ɗaya. Yawancin masu zane sukan yi 12, a nuna kowane sau biyu, wato zane 720 ke nan a minti guda. A ce Gizo ne zai ɗaga kofin shayi. Sai ka zana hannunsa a ƙasa, ka zana shi a bakinsa, sannan ka cike tsakani kaɗan-kaɗan. In ka yi sauri, hannun ya yi tsalle; in ka cika yawa, Gizo ya zama tsoho. In kuma Gizo zai yi magana, akan fara ɗaukar murya, don leɓe ya bi magana.

Kuma ba aikin mutum ɗaya ba ne. Akwai mai labari, mai fitar da kamannin ƴan wasa, mai zana fage, mai murya da mai tacewa. Wanda hannunsa bai faɗa a zane ba yana iya samun gurbi.

Kayan aiki sun yi sauƙi: Blender da Krita kyauta ne a kwamfuta, FlipaClip kuma tana aiki a waya. Wuta da intanet ne ciwon kai a karkara, sai an haɗa da sola.

To, ina kuɗin yake? A ganina mai jiran YouTube ya biya shi zai daɗe da yunwa. Cinikin da ya fi kusa shi ne tallar ƴan kasuwa da saƙonnin faɗakarwa na rigakafi, tsafta da noma, waɗanda ƙungiyoyi ke nema da Hausa da Barbarci. Su kuwa ba sa tambayar takardar makaranta kafin su ga aiki, don haka ɗalibi ya tanadi minti ɗaya mai kyau a wayarsa da zai nuna.