Williamsburg: Garin da Ake Koyar da Tarihi da Kwaikwayo

Raya tarihi da kwaikwayo dabarar koyarwa ce da mutane ke yin shigar mutanen dā, su riƙe sana'o'insu, su maimaita al'amuran da suka faru a gaban 'yan kallo. Cikin wuraren da suka shahara da wannan akwai tsohon garin Williamsburg na jihar Virginia a Amurka.

Garin ne hedkwatar Virginia daga 1699, lokacin tana ƙarƙashin Ingila, har 1780 da gwamnati ta koma Richmond. Daga nan ya ja baya, kuma ja bayan ne ya tsirar da tsofaffin gine-ginensa daga rushewa. A 1926 wani limamin coci, W.A.R. Goodwin, ya shawo kan attajiri John D. Rockefeller ƙarami ya zuba dukiya a gyara garin. An adana gine-ginen asali fiye da 80, aka sake gina majalisa da fadar gwamna a kan tsohon harsashinsu.

Yau maƙera na hura zuga a can, dukawa na ɗinka takalma, masassaƙa da masu ɗab'i na aiki da irin kayan ƙarni na 18, kuma sai mutum ya yi shekaru yana koyo kafin ya ƙware. Wasu ma'aikatan kan fito a matsayin jagororin neman 'yancin Amurka irin su Thomas Jefferson ko Patrick Henry, ɗalibai su yi musu tambayoyi, su amsa kamar ana jajibirin yaƙin neman 'yanci. Yaron da ya tsaya a zauren majalisa ya ji ana cacar baki kan harajin da Ingila ta ɗora, da wuya ya manta dalilin tawayen.

Sai dai abin da ido ya gani ya fi littafi kama zuciya, don haka abin da aka ƙi nunawa yakan ɓace gaba ɗaya a tunanin mai kallo. A 1775 kusan rabin mazauna Williamsburg baƙaƙen fata ne, akasarinsu bayi. Su ke girki, su ke wanki, su ke kiwon dawaki, amma shekaru da dama labarinsu bai shiga wasan ba. Sai a 1979 aka ɗauki baƙaƙen fata shida su riƙa fitowa a matsayin mutanen wancan zamani. A watan Oktoba na 1994 kuma, ƙarƙashin jagorancin wata ma'aikaciyar wurin mai suna Christy Coleman, aka kwaikwayi gwanjon bayi a bainar jama'a, ita da kanta ta fito a matsayin baiwa mai juna biyu. Ƙungiyoyin kare haƙƙin baƙaƙen fata, ciki har da NAACP, sun yi zanga-zanga, suna ganin an mayar da azabar kakanninsu abin kallo. Damuwarsu tana da tushe, amma nuna garin tsaf-tsaf babu bawa ko ɗaya ya fi wannan cutar da gaskiya.

Tun daga lokacin aikin ya ƙara jingina da bincike: wasiyyoyi, lissafin gado, da tallan cigiyar bayin da suka gudu a jaridar Virginia Gazette. Irin wannan bin diddigi ne ya gano ginin makarantar Bray, wadda ta koyar da yara baƙaƙen fata daga 1760 zuwa 1774, aka ɗauko shi daga harabar jami'ar William and Mary zuwa tsohon garin a 2023.