Zagayen Tsohon Birnin Kano da Ƙafa

Mutanen Gwarzo da Kabo da yawa sukan shiga Kano cin kasuwa, su fito ba su san abin da suka wuce ba. Hanyarsu ta Ƙofar Kabuga take shiga birni. Nan ya kamata mai zagaye ya fara, da sassafe, tare da jagora ɗan gari, domin lungunan birni sukan ɓad da baƙo.

Sarki Gijimasu ne ya soma ginin ganuwa wajen shekarar 1100, sarakunan bayansa suka yi ta faɗaɗa ta. Daga ƙofa sai a nufi Dutsen Dala, mazaunin Barbushe. Wanda ya hau kansa zai ga birni duka a shimfiɗe.

Kasuwar Kurmi ita ta fi cin lokaci. Sarki Muhammadu Rumfa (1463-1499) ne ya kafa ta, baƙin da fatauci ya kawo kuwa su suka bar wa unguwanni sunayensu: Zangon Barebari, Tudun Nufawa, Agadasawa, da Dandalin Turawa, inda Larabawan Tarabulus suka zauna, gama su ake kira Turawa a da. Daga nan sai Gidan Makama, wanda yanzu gidan tarihi ne, a ƙarasa a marinar Ƙofar Mata.

Zaure shi ne iyakar baƙo, kada ya wuce shi sai da izini. Kada kuma ya sa ran ganin ganuwa ɗungum, domin ruwan sama da masu haƙar ƙasa da masu gini a kanta sun cinye ta a wurare da yawa. Ƙofar Na'isa ma an rushe ta a 2010 don faɗaɗa titi, wadda ke tsaye yanzu sabuwa ce.