Sani Magori: mai shirya fim daga garin albasa

Duk wanda ya taɓa zama a majalisa a Dutse ya san da an ce fim, hankali Kano yake tafiya: jarumai, waƙa, rawa, soyayyar ɗan mai kuɗi da 'yar talaka. Amma akwai wani reshe na fim da Hausa wanda bai cika isowa wayoyinmu ba, wato fim na gaskiya, wanda babu ɗan wasa a cikinsa. Sani Elhadj Magori na Jamhuriyar Nijar yana cikin gwanayensa.

An haife shi a 1971 a Galmi, jihar Tawa, garin da albasarsa ta yi suna har Abijan. Aikin gona ya karanta a Aljeriya, ya taɓa aikin jarida, daga baya ya koyi shirya fim a Senegal. Ilimin gonar bai tashi a banza ba. Fim ɗinsa na 2008, Pour le meilleur et pour l'oignon, ya bi wani aure ne a danginsu da aka rataya a wuyan amfanin albasa: in ta yi kyau kuma ta yi kuɗi, a sha biki, in kasuwa ta faɗi, a ɗaga. Manomin rani a fadamun Jigawa ba ya buƙatar a yi masa bayanin wannan fargaba.

A ganina, Koukan Kourcia na 2010 shi ne gagarabadau. Wata zabiya mai suna Hussey ta yi tashe a shekarun 1970, waƙoƙinta na zuga samari su tafi nema ƙasashen bakin teku. Da yawa sun tafi, wasu ba su waiwayo ba, mahaifin Magori ma yana can Abijan shekara da shekaru. Sai ɗan ya lallashi zabiyar, ga ta ta tsufa, suka kama hanya tare domin muryar da ta kori maza daga gida ta kira su su komo. Lura da dabarar: bai tsaya ɗaukar abin da ya riga ya faru ba, shi ya tayar da tafiyar, kyamara na biye, kuma abin da zai fito ya shafe shi har zuci, tunda uban nasa ne.

Salonsa na haƙuri ne. Yakan bar mutane su yi hirarsu da Hausarsu ta Adar, da shirunsu da gardamarsu, bai cika katse su ba. Wanda ya saba da fim mai sauri zai ce ya yi sanyi.

Matsalar ita ce, irin waɗannan finafinai sun fi zagaya bukukuwan fim na ƙetare fiye da gidajen kallo na Shuwarin ko Kiyawa, inda 'yan ci-rani ke tashi duk bayan girbi.